Orlando Martins, Ɗan Ikko Da Ya Yi Suna A Siliman Ingila

 

Abin da ya jawo maganarmu ta wannan mako wata 'yar tambaya ce da na yi wa yaran ajina a nan cikin birnin Zariya. Na ce kowace ta faɗi aikin da take so ta yi in ta girma. Wannan ta ce likita, waccan ta ce malama, wata ta ce ungozoma. Da aka zo kan wata 'yar siririya da ke zama a bencin baya, sai ta miƙe ta ce ita 'yar fim za ta zama, a san ta har Turai. Aji ya kwashe da dariya. Na hana su, na kuma yi mata alkawari zan nemo mata labarin wani ɗan ƙasarmu wanda ya riga ya bi wannan hanya tun kakanninmu suna goye. Da na gama tattara labarin sai na ga ba ita kaɗai ya kamata ta ji shi ba, domin yau da wuya ki shiga gida a Kwarbai ko Unguwar Juma ko Ƙofar Doka ba ki tarar da yarinya ta ƙura wa waya ido tana kallon fim ba. Saboda haka ga shi na kawo muku gaba ɗaya.

Silima Ta Dā

Kafin mu shiga labarin, sai ku san yadda silima take a wancan zamani. A ƙasarmu an fara nuna hoto mai motsi a Ikko, watau Legas, cikin shekarar 1903. Mu nan Arewa abin da iyayenmu suka fi sani shi ne majigi. Kakata takan ba mu labarin yadda motar majigi ke zuwa bayan magariba, a kafa farin ƙyalle a fili, yara su yi ta tsalle, wani malami ya tsaya gefe yana fassara wa jama'a abin da suke gani, yawanci maganar tsabta ko ta noma. Gidajen silima na biya kuwa a bayan ganuwa suke, wajen Sabon Gari, kuma macen kirki ba ta taka ƙafarta can. Wasu ma dodon bango suke ce wa abin.

A Turai ɗin ma silima bebiya ce da farko. Mutum yana motsa baki ba a jin kome, sai a rubuta 'yar magana a tsakanin hotuna, wani kuma yana zaune gaban ƙyalle yana kiɗa. Sai a 1927 aka fara fim mai magana a Amurka, Ingila kuma ta bi baya a 1929. Ku riƙe wannan a zuciya, domin maganar baki da rashinta ita ce kan labarin mutumin nan.

Daga Okesuna Zuwa Landan

An haifi Orlando Martins ran 8 ga Disamba, 1899, a unguwar Okesuna cikin Ikko. Ta wajen uba, shi jinin mutanen nan ne da aka sayar da kakanninsu bayi zuwa Birazil, daga baya suka sami 'yanci suka komo gida, shi ya sa kuka ji sunansa kamar na Turawa. Ya shiga makarantar Eko Boys' High School a 1913, amma bai ƙare ba. Wajen ƙarshen Yaƙin Duniya na Farko sai ga shi a Landan, saurayi, ba dangi, ba sana'a, ba ko anini.

Baƙo ko da ido makaho ne. Yana cikin neman abin da zai sa a baka sai ya ji wani babban gidan wasan kwaikwayo mai suna Lyceum yana ɗaukar mutane a kan sule 3 a yini. Aikin ba na magana ba ne. Tara mutane ake yi su cika fage, su zama taron kasuwa ko rundunar mayaƙa, manyan 'yan wasa su yi maganarsu a gaba. Da wannan ya fara. A 1923 ya shiga cikin masu yawo gari gari suna wasa da namun daji, aka ba shi mesa yana nuna wa jama'a kamar gardi. Ya yi kokawar kuɗi. Ya yi waƙa, domin Allah ya ba shi murya mai kauri da tsawo da ƙirar ƙarfi. Fim ɗinsa na fari, If Youth But Knew, ya fito a 1926, lokacin silima tana bebiya tukuna.

'Yan makaranta, ku lissafa da kanku. Daga saukarsa Landan zuwa ranar da aka fara sanin sunansa, shekara ta fi 15. Wanda ya ga mutum a hoto da kyakkyawar riga ba ya ganin kwanakin da ya yi da yunwa cikin sanyin Ingila.

Labarinmu A Bakin Wani

A 1935 aka fitar da wani babban fim mai suna Sanders of the River, wanda Zoltan Korda ya shirya daga littafin wani marubucin Ingila, Edgar Wallace. An ce labarin a Nijeriya ya faru. Wani Baturen mulki ne, irin su Razdan da Di'o, yake riƙe da ƙasa. In yana nan kowa lafiya, da ya tafi hutu sai baƙaƙen fata suka hau yanka juna, har ya komo ya kwantar da tarzoma. An ɗauko wasu hotuna a Afirka, amma ƙauyen da aka yi yawancin wasan a cikinsa a Ingila aka gina shi. Orlando Martins yana ciki. Cikin 'yan cika fage kuma har da wani ɗalibi daga Kenya, Jomo Kenyatta, wanda ya zama shugaban ƙasarsa a 1964.

Babban ɗan wasan shi ne Paul Robeson, baƙar fatan Amurka, shahararren mawaƙi wanda ya yi karatun lauya. Ya karɓi aikin yana tsammani za a nuna wa duniya waƙoƙin Afirka da al'adunta cikin daraja. Da aka gama yanke hotuna aka harhaɗa, sai ya tarar abin ya zama kirarin mulkin mallaka. Ransa ya ɓaci ƙwarai, ya fito fili ya barranta da fim ɗin. Amma bakin alƙalami ya riga ya bushe.

To, 'yar'uwa, ki duba wannan da kyau. Robeson mai ilmi ne, mai suna, mai kuɗi, duk da haka bai iya sauya ko layi ɗaya ba bayan an gama. Ina ga Orlando, wanda yake neman kuɗin haya? Ɗan wasa fuskarsa da muryarsa yake bayarwa. Abin da za a ce da wannan murya, da inda za a sa wannan fuska, yana hannun wanda ya rubuta labarin da wanda ya biya kuɗi. Kowa ya ci ladan kuturu, ai sai ya yi masa aski.

Shekara ɗaya bayan haka aka ga bambanci. A watan Maris na 1936 aka yi wani wasan kwaikwayo a Landan a kan Toussaint Louverture, jagoran bayin tsibirin Haiti da suka yi tawaye suka ƙwaci 'yancinsu daga Faransa. Wanda ya rubuta wasan baƙar fata ne, C. L. R. James, mutumin Tirinidad. A nan Orlando ya fito a matsayin Boukman, wanda ya kunna wutar tawayen a 1791, mutum mai magana ana saurara. Sai dai sau 2 kawai aka yi wasan aka tashi, alhali fim ɗin Baturen mulki ya zaga duniya.

Sunan Da Ya Yi

Bayan Yaƙin Hitila tauraronsa ya haska. A 1946 ya fito a cikin Men of Two Worlds, labarin wani ƙauye a Tanganyika da hukuma ke so ta tayar saboda ƙudan tsando da ciwon barci, irin abin da aka yi a ƙasar Anchau a nan lardin Zazzau har aka kafa garin Takalafiya. Shi aka ba matsayin boka mai hana mutane tashi. Ya yi wasan da kwarjini har Turawa suka riƙe sunansa, kuma a wata ƙuri'a da aka yi a 1947 aka sa shi cikin 'yan wasa 15 da mutanen Ingila suka fi so. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga baƙin mutum a lokacin da ƙasarsa take ƙarƙashin mulkinsu.

Daga nan ayyuka suka yi ta zuwa: Where No Vultures Fly a 1951, West of Zanzibar a 1954, Simba a 1955, The Nun's Story a 1959 tare da Audrey Hepburn. Kamfanonin Ingila da na Amurka duk sun neme shi. Amma in kika jera matsayin da aka riƙa ba shi, za ki ga kusan tufa ɗaya ce ake juya masa: yau boka, gobe mai unguwa, jibi yaron Bature mai biyayya. Mutumin Ikko ne, amma a hoto ya zama ɗan Kenya, ɗan Tanganyika, ɗan Kwango, domin a idon masu shirya fim baƙi duk ɗaya ne.

Sojan Da Ba Ya Magana

Fim ɗin da aka fi tuna shi da shi shi ne The Hasty Heart na 1949, kuma ina so in ba ku labarinsa, domin ya taɓa mu mutanen Zariya. A ƙasar Bama aka kafa labarin, cikin 1945, a wani asibitin soja. Kun san dubban mazajen Arewa sun yi yaƙin Bama, Hausa ce ma harshen da ake magana da shi a rundunarsu, kuma barikin Chindit da ke nan Zariya daga wata runduna ta wannan yaƙi ya samo sunansa.

A ɗakin jiyya akwai sojoji biyar da suka saura: Ba'amurke, Ba'ingile, ɗan Ostareliya, ɗan New Zealand, da wani Ba'afirke daga ƙasar Basuto, wadda yanzu ake kira Lesotho. Sai aka kawo musu wani ɗan Sikotilan mai taurin kai, wanda ba ya karɓar alherin kowa. Ƙodarsa ta lalace, saura 'yan makonni ya mutu, amma ba a gaya masa ba. Likita ya roƙi sauran su ja shi a jiki. Da ƙyar suka shawo kansa har ya saki jiki da su. Ran da ya gane gaskiya sai ya husata, ya ce ashe tausayi ne ba abota ba, ya tattara kayansa zai tafi ya mutu shi kaɗai.

Orlando shi ne sojan Basuto. An rubuta cewa ba ya jin Turanci, abokan suka laƙaba masa suna Blossom, watau Fure, kuma kusan duk abin da ya fito daga bakinsa tun farkon fim har ƙarshe wannan kalma ce. Da ɗan Sikotilan zai fita, sai sojan nan ya ciro tsakiyar wuyansa ya miƙa masa. Mutumin ya ƙi karɓa. Nan Ba'amurken ya tashi ya faɗa masa gaskiya, cewa wannan bawan Allah ba ya jin abin da ake faɗi, bai san kana mutuwa ba, saboda haka kyautarsa ba ta tausayi ba ce. Wannan magana ce ta karya masa zuciya, ya zauna cikin abokansa.

Kun ga duk nauyin labarin a kan Orlando ya sauka, kuma ya ɗauke shi da ido da hannu kawai. Wannan gwaninta ce, ba mai musu. Amma ni abin da ya tsaya mini a rai shi ne, shekara 20 ke nan da silimar Ingila ta buɗe baki, ga mutum mai Turanci kamar ruwa, mai muryar da ke cika ɗaki, aka mai da shi zamanin bebiya. Ga shi kuwa mazajenmu da suka komo daga Bama bakinsu cike yake da labari, na daji da ruwan sama da 'yan'uwan da aka binne can. Ba wanda ya rubuta musu layi.

Wanda ya fito a matsayin Ba'amurken nan mai fassara zuciyar Blossom sunansa Ronald Reagan. Ya zama shugaban Amurka daga 1981 zuwa 1989.

Komowa Gida

Kome nisan jifa ƙasa zai faɗo. A 1959, saura shekara ɗaya Nijeriya ta sami mulkin kai, Orlando ya komo Ikko bayan shekara 40 a ƙasar mutane. Turawa ba su daina kiransa ba, ya fito a Call Me Bwana a 1963 da Mister Moses a 1965. Sai a 1970, yana da shekara 70, ya fito a Kongi's Harvest, fim ɗin da aka yi a ƙasarsa daga wasan da ɗan ƙasarsa Wole Soyinka ya rubuta. Ya mutu ran 25 ga Satumba, 1985, aka binne shi a maƙabartar Ikoyi.

Kada wata ta ce na kawo labarinsa don in zarge shi. Ƙofar da ya tarar a buɗe ita ya shiga, ya ci halalinsa da guminsa, ya kuma nuna wa Turawa baƙin mutum ya iya abin da suka iya. Waɗanda suka zo bayansa sun sami hanya a share.

Abin Da Aka Yi A Zariya

Yanzu bari mu komo gida, ku ji wani abin da ya faru a daidai waɗannan shekaru. A 1933, ofishin fassara da talifi na nan Zariya, ƙarƙashin Dokta Rupert East, ya sa gasar rubuta labari da Hausa. Daga wannan gasa aka sami Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, da Ganɗoki na Bello Kagara, da Shaihu Umar na wani matashin malamin makaranta daga Bauchi, Abubakar Tafawa Ɓalewa.

Waɗanda suka karanta Shaihu Umar sun san labarin yaron da aka sace aka ƙetara da shi hamada, da uwarsa wadda ta bar kome ta bi sawunsa, ta sha bauta da wahala har Tarabulus, ba ta huta ba sai da ta sa shi a ido. Akwai mugunta a ciki, akwai cinikin bayi, marubucin bai ɓoye aibin mutanensa ba. Amma kowa a cikin labarin mutum ne mai suna da baki da dalili. A 1976 Adamu Halilu ya mai da littafin fim da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihu Umar. A 2018 Jamusawa suka gyara tsohon fim ɗin aka nuna shi a babban bikin fina-finai na Berlin. Turawa suka zauna suna jin Hausa, su ne masu karanta fassara a ƙasan hoto. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Kada kuma ku ce wannan aikin maza ne. Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta Kano an cire ta daga makaranta aka yi mata aure tana ƙarama, daga baya ta koma karatu a ajin manya. Littafinta Alhaki Kwikwiyo Ne ya fito a 1990, aka mai da shi fim a 1998, aka fassara shi da Turanci aka buga a Indiya a 2012. Labarin matar da miji ya wulakanta ya kore ta da 'ya'yanta ne, kuma mace ce ta faɗe shi yadda mata suka san shi.

Shawarata

Ke 'yar makaranta mai son a san ki har Turai, ban ce burinki laifi ba ne, wannan magana ce tsakaninki da iyayenki. Amma ki sani wadda ake gani a hoto maganar wani take faɗi. In an rubuta mata ta zama muguwar kishiya ko sakaryar 'yar ƙauye, haka za ta zama, kuma da wannan fuska za a san matan garinsu. Saboda haka ko za ki tsaya gaban na'urar ɗaukar hoto ko ba za ki tsaya ba, ki riƙe alƙalami da kyau. Ki mai da hankali ga darasin Hausa da na insha'i, kada ki raina su don ba lissafi ba ne. In kina kallon fim, ki jira ƙarshe ki karanta sunan wanda ya rubuta labarin, ki tambayi kanki ko ya san irin gidan da yake magana a kai.

Ke kuma uwargida, in 'yarki ta zo miki da irin wannan magana, kada ki fara da tsawa. Ki tuna tun kafin majigi ya zo ƙasar nan, mu mata ne masu tara yara a tsakar gida da dare mu ce ga ta nan ga ta nanku. Labari sana'armu ce ta gado. Ki saya mata littafin rubutu da fensir, ki zaunar da ita gaban kakarta ko wata tsohuwar unguwa, ta rubuta abin da za ta ji: yadda ake biki a dā, yadda aka yi da mazajen da suka tafi Bama, yadda kasuwar birni take kafin a kawo mota. Tsofaffin nan suna tafiya ɗaya bayan ɗaya, kuma abin da ba a rubuta ba da su za a binne shi.

Ita yarinyar tawa na karanta mata labarin nan ran Alhamis bayan an tashi. Ta yi shiru, sa'an nan ta tambaye ni ko mutum yana iya rubuta labari kuma ya fito a cikinsa. Na ce ƙwarai kuwa. Ran Litinin ta kawo mini shafi 3 a kan yadda kakarta ta yi sana'ar saƙa ta aurar da 'ya'ya biyar. Akwai kurakurai, na gyara mata da jan biro, na ce ta ci gaba.

Duk wadda ta rubuta irin wannan, 'yar makaranta ce ko matar aure, ta aiko wa wannan fili, za mu duba mu buga waɗanda suka fi kyau. A rubuta a gefe ɗaya na takarda, da hannu mai karantuwa.

Haza wasalam. Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.